Gyaran Gangar Auzinawa

'Yan uwa marubuta, da a ce wani zai ɗauki Ruwan Bagaja na Abubakar Imam ya yanke babi biyu, ya sa wa Malam Zurƙe maganar da bai yi ba, sannan ya buga lambar wayarsa a gindin kowane shafi, da shafukan wannan mujalla ba su ishe mu zuba fushi ba. To me ya sa muka yi gum alhali abin da ake yi wa tsofaffin finafinai ke nan a kan idonmu?

Kowa ya leƙa rumfunan masu tura fim a waya, nan Malam Madori ko Haɗeja, ya ce a ba shi tsohon fim ɗin Indiya irin waɗanda aka yi rububin gani a Plaza da Eldorado a Kano. Abin da za a miƙo masa gawa ce. An datse gefe da gefe na hoton don ya cika allo, har ka ji mutum na magana ba ka ganinsa. An zare muryar 'yan wasa an ɗora barkwancin da babu shi a labarin, an tsallake waƙoƙi, ga talla na gudu a ƙasa. Wai an gyara! Ba mu ce fassara laifi ba ce, mu da muke cin abinci da harshe. Amma mai fassarar littafi ba ya ƙone asalin.

Za a ce mana yaran yanzu ba sa kallon baƙi-da-fari. Da wannan hujja aka shafa wa Mughal-e-Azam na 1960 launi a 2004. Mu malamai mun san wannan waƙar. Ita ce ake rera mana duk lokacin da ake son a sauƙaƙa darasi har ya zama ba darasi ba. Haske da duhun da mai ɗaukar hoto ya zaɓa, su ne nahawunsa.

A Amurka, George Lucas da kansa ya yi wa Star Wars na 1977 kwaskwarima da kwamfuta a 1997, ya shafe shekaru yana ƙin fito da asalin cikin inganci. Masoya fim ɗin ba su tsaya kuka ba. Suka nemo tsofaffin faya-fayen silima, suka kwafe su hoto bayan hoto da kuɗin aljihunsu, har suka dawo da shi kamar yadda aka gan shi a majigi.

Namu ya fi ciwo. Shaihu Umar, wanda Adamu Halilu ya shirya a 1976 daga littafin Abubakar Tafawa Ɓalewa, an daɗe ana ɗaukar ya ɓace. Sai a 2016 aka tsinci faya-fayensa cikin tarin gwangwanaye a Legas, cibiyar Arsenal ta Jamus ta taimaka aka farfaɗo da shi, aka nuna a Balin a 2018. Jamusawa suka kalli Shaihu Umar garau, ɗaliban da muke koya wa littafin kuwa, nawa ne suka san an taɓa yin fim ɗin?

Sannan ga na kaset, tun daga Turmin Danya na 1990. Zafi da laima na cinye su a hankali, kuma wanda ya ga ambaliyar 2022 a wannan yanki ya san abin da ke faruwa da kwalin da aka tura ƙarƙashin gado. Saboda haka duk ɗan ƙungiya da ke da tsohon kaset, ya ɗaga shi sama. Idan za a kwafa, a kwafa yadda yake, da dishi-dishinsa da sunayen da ke fita a ƙarshe, a rubuta shekara a jiki. Kowane reshe ya buɗe rajista ya rubuta wa ke riƙe da me.