Matar ɗan bida ba a bakin ƙofa take wuni ba

Jama'a, akwai abin da ya daɗe yana ci mana tuwo a ƙwarya game da finafinan da muke kallo, na Kano da na Indiya da ake fassarawa. Da zarar miji ya yi tafiya, sai a nuno matar ta yi tagumi a bakin ƙofa, ga hawaye, ga waƙa, tana jiran salula ta yi ƙara. Mu dai a Tasawa da Mayahi ba mu san irin wannan mata ba.

Da an gama girbin gero samari da magidanta sun kama hanyar Kano, Agadas, Libiya ko Aljeriya. Wani ya aiko da jika goma, wani sai labari. Wa ke riƙe gidan? Ita ce ke matse man gyaɗa, ta toya ƙuli-ƙuli, ta ɗauki ƙwaryar fura zuwa kasuwa, ta yi kiwon jar akuya. A nan jihar Maraɗi ƙungiyar CARE ta fara asusun Mata Masu Dubara a 1991, har wasu ƙasashe suka kwaikwaya. Amma a yunwar 2005 an ga mazan da suka rufe rumbu suka tafi, suka bar mata da ganye. Mai wannan hali gani yake matarsa ba ta iya tattali ba, fim kuma yana ƙara masa wannan gani.

To, ku dubi Kerala, wata jiha a kudancin Indiya, inda maza ke tafiya neman kuɗi ƙasashen Larabawa kamar namu. Su ma sun daɗe suna nuna mai jira. A 2014 suka fitar da How Old Are You: miji ya tafi ƙasar Ailan ya bar matar, ita kuwa ta shiga noman kayan miya a kan soro, ta jawo maƙwabta, har suka samu kasuwa. Bege bai hana ta neman nata ba.

Don haka muke kira ga masu shirya fim na Kano da na gida Nijar: ku zo kasuwar Mayahi da kyamararku, ku zauna kusa da mai ƙosai, ku tambaye ta rabonta da mai gidan, da kuma wa ya biya kuɗin maganin yaro a daminar bana.