Laifin Na Mace Ne Kaɗai?

'Yan'uwana ɗalibai da iyayenmu, ina neman gafara tun da fari, domin zan yi magana ne a kan wata karuwa. Ba yabon karuwanci na zo yi ba, Allah ya kiyaye.

Sunanta Veronica Franco, an haife ta a birnin Benis na ƙasar Italiya a 1546, zamanin da Turawa ke kira farfaɗowar ilmi. Tana cikin karuwan manya, watau waɗanda suka iya karatu da kiɗa da zance, masu hulɗa da attajirai da sarakuna. Har Sarkin Faransa Henri na Uku ya ziyarce ta a 1574. A 1575 ta buga littafin waƙoƙinta, a 1580 kuma na wasiƙunta.

To, ga abin da ya dame ni. Mazan zamanin sun zana irin waɗannan mata cikin alharini da lu'ulu'u, sun yi musu waƙoƙi, wani na yabo wani na zambo. Wani mawaƙi, Maffio Venier, ya yi mata zagin ƙare dangi, ta kuwa mayar masa da martani a waƙe. Amma aka daɗe ana tunawa da kyanta da sana'arta kawai, alƙalaminta kuwa oho. Mazan da ke sallama a ƙofarta fa? Su dai sun mutu da girmansu.

Littafin da Margaret Rosenthal ta fitar a 1992 ya sa mutane da yawa suka koma ga abin da matar ta rubuta da hannunta. A wata wasiƙa ta gargaɗi wata uwa kada ta jefa 'yarta cikin wannan sana'a, ta nuna mata cewa bauta ce tsantsa, ga cuta ga wulakanci. Ta san abin da take faɗi, gama uwarta ma sana'ar ke nan. Ni a ganina wannan wasiƙa ta fi dukan hotunan gaskiya, don mai zane abin da mai biyansa ke son gani yake zanawa.

Wani zai ce me ya kai ɗalibi karanta rubutun karuwa? Ai in za a yanke wa mutum hukunci, sai an ji ta bakinsa. Kotun coci ma da ta tuhume ta da sihiri a 1580 ta saurare ta, ta sake ta. Dukiyarta dai ta riga ta salwanta lokacin annobar da ta faɗa wa Benis a 1575, majiɓincinta kuma ya rasu a 1582. Ta mutu a 1591, tana da shekara 45.