Ladin Cima da bashin da masana'antar fim ba ta biya ba

A watan Fabrairun 2022 dattijuwa Ladin Cima, wadda masu kallo suka fi sani da Tambaya, ta shaida wa sashen Hausa na BBC cewa abin da ake sallamarta da shi a fim sau da yawa bai wuce naira dubu biyu zuwa biyar ba. Maganar ta tada ƙura. Wasu jiga-jigan Kannywood, ciki har da Ali Nuhu da Falalu Ɗorayi, suka fito suka ce sun biya ta fiye da haka. Aka yi kwanaki ana cacar baki, sannan aka koma harkokin gaba.

A ganina an yi musun ne a kan reshe aka bar tushe. Abin dubawa shi ne, matar da ta fara wasan kwaikwayo a talabijin tun kafin Turmin Danya ya buɗe zamanin fim ɗin bidiyo a 1990, ba ta da wata takardar yarjejeniya da za ta raba gardama, su ma waɗanda suka musanta ba su nuna wa jama'a irinta ba. Sana'ar da ke tafiya a kan "ungo wannan ki hau mota" ba za ta riƙe mutum ranar tsufa ba, ko da an taɓa ba shi dubu arba'in a rana guda.

Bashin kuma bai tsaya ga kuɗi ba. Duk wanda ya tashi a Dambam ko Azare a shekarun da kaset ke fitowa daga kasuwar Ƙofar Wambai ya san yadda gida guda mai bidiyo da janareta ke tara yaran unguwa. Fuskokin da aka kalla a lokacin, irin su Hauwa Ali Dodo, wato Biba Problem, wadda ta rasu a hatsarin mota a farkon 2010, da Amina Garba, Mama Dumba, wadda ita ma ta kwanta dama a wannan shekarar, su ne suka gina kasuwar da 'yan baya ke ci. Yau ɗalibin da ke son rubuta tarihin ɗayansu, ina zai sami cikakken jerin finafinanta? Kaset yana lalacewa da zafi da ƙura, faifai yana karcewa, abin da ya tsira a YouTube kuwa galibi guntaye ne marasa sunayen ma'aikata.

Ƙasar Sin ta ga irin wannan asara. Ruan Lingyu, tauraruwar finafinan Shanghai na zamanin da fim ba ya magana, ta kashe kanta ranar 8 ga Maris, 1935, tana da shekara 24, bayan jaridu sun mayar da rayuwar aurenta abin ciniki. Mafi yawan finafinanta sun ɓace. Amma 'yan kaɗan da suka rage an killace su, an gyara The Goddess na 1934, ana kuma koyar da shi a jami'o'i. A 1991 Stanley Kwan ya shirya fim a kan rayuwarta, wanda ya ba Maggie Cheung lambar gwarzuwar 'yar wasa a bikin Berlin. Al'ummar da ta ci naman yarinyar tana raye ta dawo ta adana aikinta. Mu mun ƙware a kashin farko, na gulma da yanke hukunci a kan 'yan fim mata, na biyun ne ya gagare mu.

Wani zai ce fim a wurinmu abin shagala ne, bai cancanci wannan ɗawainiya ba. To amma ko wanda ke ƙin sana'ar ya yarda cewa haƙƙin ma'aikaci wajibi ne a biya shi. Kuma waɗannan finafinai sun taskace sutura da karin harshe da tsarin gidajen Hausawa na shekaru talatin, abin da ba kowane littafi ya kama ba. Gyaran ma mai yiwuwa ne: fim ɗin Shaihu Umar na Adamu Halilu, na 1976, an daɗe ana zaton ya salwanta, sai aka gano shi, aka gyara, aka nuna shi a Berlin a 2018.

Abubuwa uku nake ganin sun wajaba. Ƙungiyar MOPPAN ta tilasta rubutacciyar yarjejeniya da mafi ƙarancin lada ga kowane ɗan wasa, ta kuma kafa asusun tsofaffi da za a riƙa cire masa kaso daga kowane shiri. Hukumar tace finafinai ta Jihar Kano, wadda aka kafa a 2001, ta haɗa hannu da ma'adanar finafinai ta ƙasa da ke Jos a mayar da tsofaffin kaset zuwa kwamfuta. Sannan sassan Hausa na jami'o'inmu, daga Bayero har ta Gaɗau, su tura ɗalibai su naɗi hirarraki da dattawan matan nan tun suna da bakin faɗa.

Gudummawar da ake tarawa bayan an ga hawaye a bidiyo sadaka ce, Allah ya ba da lada. Abin da Ladin Cima da tsararrakinta ke bin masana'antar kuwa haƙƙi ne, kuma kowace shekara masu binsa raguwa suke yi.