Ra'iyyar da Ba a San Adadinta Ba

Tun daga ƙidayar shekarar 2006, wadda ta nuna ƙaramar hukumar Rano na da mutum 145,439, Kibiya kuwa 136,736, ba a sake ƙirga al'ummar wannan yanki ba, alhali kuwa jariran da aka raɗa wa suna a wancan lokaci yau sun kai munzilin aure, wasu ma suna da goyo. An shirya wata ƙidayar a 2023, aka ɗage ta.

Na taɓa shiga wata firamaren ƙauye a ƙasar Kibiya, na tarar da yara maƙil a ƙasa, littafi bisa cinya, malami guda yana ta fama da su har muryarsa ta dishe. Hukuncin Kotun Ƙoli na Yulin 2024, wanda ya umarci a riƙa biyan ƙananan hukumomi kasonsu kai tsaye, abin farin ciki ne ƙwarai, amma shugaban da aka ɗora wa amanar baitulmali, in bai san yawan ra'iyyarsa ba, da wane ma'auni zai raba rijiyoyi da azuzuwa? Ina ganin wajibi ne dagatai da masu unguwanni su fara rubuta haihuwa da rasuwa, kowa a unguwarsa.