Fitilun Zamani Masu Makantar Da Direbobi A Hanyoyinmu

Daga Wakilinmu

Duk wanda yake tafiyar dare a kan hanyoyinmu, ko ta Jos zuwa Bauci ce ko ta Funtuwa zuwa Gusau, ya san wani sabon bala'i da ya ƙaru a kan ramuka da 'yan fashin da aka saba kuka da su. Bala'in kuwa shi ne fitilun nan farare fat masu ratsin shuɗi, waɗanda masu motoci suke saye a kasuwa su sa a ɗaura musu a madadin waɗanda motar ta zo da su. Mutum yana tafe a hannunsa, sai mota ta ɓullo daga kwana ta watsa masa haske a fuska, hanya ta ɓace masa ɗungum. In ya ƙyafta wa mai motar fitila don ya rage, sai wancan ya ƙara masa da wata wadda ta fi ta farko, don ya nuna masa cewa ai wadda yake kuka da ita ma dim ce.

A da sai motocin manya ake gani da irin wannan haske. Yanzu kuwa ƙwayayen LED da na zenon sun cika shaguna, daga Ƙofar Ruwa a Kano har Panteka a Kaduna, kuma ɗan rewaya ba ya ɗaukar rabin sa'a wajen ɗaura su. Tasi ta sa, adaidaita sahu ta sa, ɗan acaɓa ya sa, direban tirela kuma ya jera wata doguwar sanda ta fitilu a goshin motarsa kamar mai haska filin ƙwallo. Wasu don ado suke yi, domin a ce motarsu ta yi kama da sabuwa. Amma mafi yawa, in an tambaye su, cewa za su yi ba sa ganin hanya ne.

Wannan kuka nasu gaskiya ne, kuma bai kamata a yi watsi da shi ba. Galibin hanyoyinmu ba su da farin layi a gefe, ba su da alamomi masu ƙyalli. Babbar mota takan lalace a tsakiyar kwalta, ba abin da za a ajiye a bayanta sai ganye. Ga shanu, ga mai keke ba fitila, ga rami mai iya karya ƙafar mota. Direban da ya nemi ƙarin haske a irin wannan hanya ba za a ce ya yi wauta ba. Abin tambaya shi ne ko abin da yake saye yana ba shi ganin da yake nema, da kuma wanda yake biyan kuɗin wannan gani da idonsa, wani lokaci ma da ransa.

Sai mai karatu ya ɗan yi haƙuri mu duba yadda fitilar mota take aiki, domin a nan kuskuren yake. Fitilar gaba ba ƙwai kaɗai ba ce. A bayan ƙwan akwai kwano mai sheƙi kamar madubi, wanda aka ƙera shi daidai da wurin da siririyar wayar cikin ƙwan take ci da wuta. Injiniyoyi sun auna wannan wuri da ma'aunin milimita, ta yadda kwanon zai tattara hasken ya zuba shi a kan kwalta, ya kuma yanke shi daga sama don kada ya kai idon mai zuwa. In mutum ya haska bango da dim mai lafiya, zai ga haske a ƙasa, duhu a sama, da iyaka a tsakaninsu kamar an ja layi. To ƙwan LED ba shi da wannan siririyar waya. 'Yan ƙananan tabo ne masu haske a manne a gefe biyu na wani falle, kuma a yawancin masu arahar da ake kawo mana ba sa zama a inda wayar take zama. Da zarar an cusa shi a kwanon da ba don shi aka yi ba, sai hasken ya tarwatse: wani ya hau bishiyoyi, wani ya zube a gaban bamba, wani ya tafi kai tsaye cikin idon jama'a. Mai motar yana ganin gabansa ya yi fari tas sai ya ɗauka ya ci riba, alhali kuwa wannan farin da ke kusa da shi ƙara tsuke masa ƙwayar ido yake yi, can nesa inda yake bukatar gani sai ya ƙara duhu.

Ba wai fitilun zamani ne ba su da kyau ba. Kamfanin BMW ya fara sa zenon a motocinsa a 1991, Lexus kuma ta fito da LED a fitilar gaba a 2007, kuma duka biyu sun fi tsohon ƙwai haske da daɗewa. Amma masu ƙera su tare suka ƙera ƙwan da gidansa. Ƙwan halojin irin H4 da ke cikin yawancin tsofaffin motocinmu yana ba da haske wajen lumen 1,000 a dim, shi kuwa na zenon yana kai wa 3,200, watau ya ninka shi sau uku. Saboda haka ne ƙa'idar da ƙasashen Turai suke bi ta ce duk fitilar da ƙwanta ya wuce lumen 2,000 dole a haɗa ta da na'urar da ke daidaita saitinta da kanta in kaya sun danne bayan mota, da kuma abin wanke gilashinta, domin ƙura ma tana tarwatsa haske. Mu kuwa a nan an ɗauko ƙarfin an baro linzamin. Golf ce ko Sharon, an danƙara mata buhuna a but har hancinta ya ɗaga sama, gilashin fitilar ya sha ƙurar hanya, sa'an nan aka sa mata haske ninki uku.

Batun launi kuwa, a nan ne ado ya fi cutarwa. Samari sun fi son mai shuɗi-shuɗi, wanda ake rubuta 6000K ko 8000K a kwalinsa, kuma da yawa sun ɗauka wannan lamba ƙarfin haske take nufi. Ba haka ba ne, launi kawai take nunawa. Hasali ma ƙwan halojin da aka shafa wa shuɗin fenti don ya yi kama da zenon, fentin tare wani ɓangare na hasken yake yi. Kuma haske mai shuɗi ya fi damun idon mai kallonsa. Faransa ta shafe fiye da shekara 50 tana tilasta wa motocinta fitila rawaya, ba ta janye dokar ba sai a 1993, kuma dattawan da suka ga tsofaffin motocin Peugeot masu shigowa daga Nijar za su tuna da su. Ba cewa muke a koma rawaya ba. Amma wanda ya taɓa kunna farar fitila mai ƙarfi a cikin hazon hunturu ya san yadda hasken yake dawo masa kamar an kafa farin bango a gabansa.

Ga ɗan lissafi da kowane ɗalibi zai iya yi. Motar da ke gudun kilomita 100 a sa'a tana cin kusan mita 28 a kowane sakan. In haske ya kashe wa direba ido na sakan 3 kacal, ya yi tafiyar fiye da mita 80 bai san abin da ke gabansa ba. Idon dattijo kuma ya fi na yaro jinkirin dawowa. A cikin wannan tazara ne ake take mai tafiya a ƙasa, ko a afka wa motar da aka yi wa shingen ganye, ko a bar hannu a yi taho-mu-gama. Kuma in an yi taho-mu-gama, da wa ake yi? Da mai fitilar ne. Wanda ya makantar da direban da ke tunkaro shi a kan kwalta guda, ba kowa ya fara jefawa cikin hatsari ba sai kansa da fasinjojinsa. In hatsarin ya auku kuma, sai a rubuta gudu ko kuɓucewar mota, don ba wanda zai auna fitilar da ta riga ta farfashe.

Akwai wata matsala da ba a cika lura da ita ba. Tun ranar 2 ga Afrilu, 1972 Nijeriya ta koma tuƙi a hannun dama. Fitilar da aka ƙera don irin hanyarmu takan ɗaga haskenta kaɗan ta gefen dama, don direba ya ga bakin hanya da alamomi, ta kuma kwantar da shi ta hagu inda masu zuwa suke. Motar da aka yi don Ingila ko Japan akasin haka take. Sau da yawa akan shigo da irin waɗannan motoci a juya musu sitiyari, a bar fitilun yadda suke, saboda haka ko da ƙwan asali ne a ciki, gefen da ya ɗaga yana kan fuskar masu zuwa. In aka ƙara mata LED kuwa, abin ya zama biyu.

To me mai mota zai yi in da gaske ba ya gani? Ya fara da gilashin fitilar. Na motocin yanzu roba ne, rana tana dafa shi ya koma rawaya ya dushe. Ƙungiyar masu motoci ta Amurka, AAA, ta gwada irin waɗannan dusassun fitilu a 2018, ta tarar suna ba da kashi 22 cikin 100 ne kawai na hasken sabuwa. In haka ta faru a can, ina ga ranar Sakkwato ko Maiduguri? Gogewa da man sheƙi, ko sauya gidan fitilar gaba ɗaya in kwanon ciki ya ƙone, ya fi kowane sabon ƙwai amfani. Na biyu ya sa a duba waya. A tsohuwar mota wuta takan ragu kafin ta isa ƙwai, saboda tsatsa da sakin mahaɗi, kuma in ta ragu da kashi 10 cikin 100, hasken halojin yakan faɗi da wajen kashi 30. Ɗan rewaya mai sanin aikinsa zai gyara wannan da rile da fiyus da waya mai kauri. Abin da bai kamata ya yarda da shi ba shi ne ƙwai mai wat 100 a wurin mai 55, domin yana jan wuta kusan ninki biyu, ya narkar da soket, wani lokaci ya tayar da gobara.

Na uku, wanda shi ne mafi muhimmanci kuma ba ya cin ko kwabo, shi ne saiti. A tsayar da mota a wuri mai baje, mita 10 daga bango, a auna tsawon tsakiyar fitilar daga ƙasa a yi alama a bangon daidai wannan tsawo. In an kunna dim, iyakar hasken ta sama ya kamata ta sauka wajen santimita 10 zuwa 12 a ƙarƙashin alamar. Akwai sukurori a bayan fitila don wannan aiki. Motocin da aka yi don Turai kuma galibi suna da wani ɗan maɓalli mai juyawa kusa da sitiyari, mai lamba daga 0 zuwa 3, wanda ake sunkuyar da fitila da shi in an yi lodi. Direbobin haya nawa ne suka san amfaninsa? Wanda kuma yake da hali yana son LED, ya sayi gidan fitilar gaba ɗaya wanda aka ƙera don motarsa, a kuma yi masa saiti a bango. Ko bayan duk wannan, dim ba ta wuce 'yan mitoci 50 zuwa 60, mota mai gudun 100 kuwa tana bukatar fiye da mita 70 kafin ta tsaya cak. Babu ƙwan da zai rufe wannan giɓi ba tare da ya shiga idon wani ba, sai dai a sassauta ƙafa in dare ya yi.

Saura hukuma. An kafa Hukumar Kiyaye Haɗurra ta Ƙasa tun 1988, ga jami'an VIO a kowace jiha, kuma kowace shekara mai mota yana biyan kuɗin takardar shaidar lafiyar mota. Amma dubawar da aka saba yi wa fitila ita ce a ce direba ya kunna, in ta kama shi ke nan. Ba a tambayar inda hasken yake sauka. Jami'an ma da rana suka fi tsayawa a hanya, laifin kuwa da dare ake aikata shi. A Ingila, tun daga 2021, motar da aka cusa wa ƙwan LED ko zenon a gidan halojin ba ta cin jarrabawar shekara. Ba sai mun jira na'ura mai tsada kafin mu yi irin wannan ba: bango mai layi a kowane ofishin VIO, da wani a kowace babbar tasha a ƙarƙashin kulawar ƙungiyar direbobi, zai kama mafi yawan masu laifin. Hukumar SON da Kwastan su ma suna da nasu rabon, domin waɗannan ƙwayaye ba a nan ake ƙera su ba, ta tashoshinmu suke shigowa.

Ma'aikatan gwamnati da ke karanta wannan shafi sun san cewa ba 'yan haya kaɗai ke da wannan ɗabi'a ba. A wuraren ajiye motoci na sakatariyoyi akwai motocin ofis da aka ɗaura wa sandar fitilu, har da masu walƙiyar ja da shuɗi waɗanda na 'yan sanda da motocin asibiti ne. Jami'in da ke bakin hanya ba zai iya sa ɗan tasi ya cire nasa ba muddin motar mai lambar gwamnati ta wuce shi da irinsu. Kowane babban sakatare yana da ikon ya umarci jami'in sufurin ma'aikatarsa ya jera motocin ofis a gaban bango da magariba, a kunna dim, a cire abin da ya kamata a cire, kuma wannan aiki ba ya bukatar a jira kasafin kuɗin baɗi.