Ina Littafin Barkwancin Hausawa?

Wanda duk ya zaga wurin masu sayar da littattafai a birnin Gombe, ko a kasuwa ko a ƙofar makarantu, zai tarar da littattafan addini jibge, ga na makaranta, ga kuma labaran soyayya da a ke kawowa daga Kano. Amma da wuya ya sami littafi ko guda cikin Hausa wanda ya tattara tarihin zanen barkwanci, ko na zambon da talakawa suka daɗe suna yi wa masu mulki. Waɗansu za su ce ai wannan ba wata hasara ba ce, wasa ne kawai. Alhali kuwa hasara ce babba, domin abin da jama'a suka yi wa dariya a zamaninsu shi ke nuna abin da ya dame su, wanda ba su da ikon faɗa a fili.

Turawa sun gane haka tun da daɗewa. A shekarar 1841 aka kafa wata mujalla a London mai suna Punch, aikinta zolayar manya. Cikin 1843 gwamnatin Ingila ta baje kolin zane-zanen da za a ƙawata sabon ginin Majalisa da su. Sai wani mai zane, John Leech, ya zana matalauta cikin tsummoki sun tsaya suna kallon waɗannan hotuna da yunwa a cikinsu. Daga wannan zane ne kalmar da Turawa ke kiran zanen barkwanci da ita ta sami ma'anarta ta yanzu. Tun 1895 wani marubuci, M. H. Spielmann, ya wallafa littafi sukutum a kan tarihin mujallar. An rufe Punch a 1992, aka sake buɗe ta a 1996, ta kuma mutu a 2002, amma kofenta na nan a ɗaure cikin ɗakunan karatu, masu tarihi na ta amfani da su.

A Faransa abin ya fi zafi. Charles Philipon, mai jaridun La Caricature da Le Charivari, ya mai da kan Sarki Louis-Philippe kamar wani ɗan itace mai tsukakken sama da faffaɗan gindi, har yara suka riƙa zana shi a jikin bango. Yaronsa Honoré Daumier ya zana Sarkin a matsayin ƙaton mahaɗami yana haɗiye kuɗin talakawa, aka ɗaure shi wata shida a 1832. Zuwa 1835 sai gwamnati ta kafa doka cewa ba a buga wani zane sai hukuma ta gani ta yarda. Watau Sarki mai sojoji da igwa ya ji tsoron alƙalamin mai zane.

A Amurka kuwa Thomas Nast ne ya tasa wani ɗan siyasar New York mai suna Tweed a gaba cikin 1871, saboda wawurar dukiyar birnin da shi da mutanensa suka yi. Ana ba da labari cewa Tweed ya yi kukan rubutun jarida bai dame shi ba, tun da yawancin masu zaɓensa ba su iya karatu ba, amma hoto kowa na gani. Da ya tsere zuwa ƙasar Sifen aka kama shi a 1876, an ce da zanen Nast aka shaida fuskarsa. Wannan labari ya kamata ya tsaya a ran mutanen Arewa, inda har yanzu akwai jama'a masu yawa da karatun boko bai kai gare su ba.

'Yan Arewa mazauna Ikko da Badun da Anacha ba baƙin wannan sana'a ba ne, domin a Kudu ta yi ƙarfi. Akinola Lasekan, mutumin Owo, wanda ke sa hannu da sunan Lash, shi a ke ɗauka uban masu zanen siyasa a Nijeriya. Ya yi aiki da jaridar West African Pilot ta Dokta Azikiwe tun cikin shekarun 1940, yana sukar mulkin mallaka, yana kuma taɓa abokan hamayyar jam'iyyar NCNC. Bayansa aka sami su Josy Ajiboye da Dele Jegede a gidan Daily Times. A 1976 Wale Adenuga ya fito da mujallar Ikebe Super cikin Turancin buroka, inda aka san Papa Ajasco mai sanƙo da Boy Alinco, waɗanda daga baya suka koma talabijin. Masanan Kudu kuma ba su bar aikin ya ɓace ba. Marigayi Farfesa Tejumola Olaniyan ya yi nazarin zanen Lasekan, kuma shi da Peter Limb suka shirya littafin Taking African Cartoons Seriously wanda ya fito a 2018.

To, yaya Bahaushe ya fito cikin waɗannan zane-zane? Duk wanda ya zauna a Kurmi ya san amsa. Sau da yawa ko dai maigadi ne da rediyo manne a kunne, ko Alhaji mai tumbi da babbar riga yana taunar goro, ko mai shanu da sanda a kafaɗa. Ba lalle ne a ce duk mugunta ce ta kawo haka ba, mai zane abin da ya gani a bakin titi ya ke zanawa. Amma wanda bai riƙe alƙalami ba, dole ya haƙura da kamannin da wani ya ba shi.

Abin takaici shi ne Hausawa ba su rasa gwanintar zambo ba, sun ma riga jarida. Ga 'yan kama, waɗanda kan yi shigar malamai, su zauna su gyara murya kamar za su ja baƙi, sai a ji duk wa'azin a kan tuwo da miya da nama ne. Su kan ɗauki waƙar babban mawaƙi su juya ta ta koma ta abinci, jama'a na dariya, mai hankali kuwa na gane cewa malamin kwaɗayi a ke yi wa hannunka mai sanda. Ga wasan gauta, inda matan fada kan yi shigar Sarki da hakimansa, su kwaikwayi tafiyarsu da maganarsu da irin shari'arsu, Sarki na zaune yana kallo, ya ga aibin da babu bafaden da zai iya gaya masa. Ga kalankuwa bayan kaka, inda samari kan naɗa nasu sarakuna da alƙalai da 'yan doka. Ga tashe daga goma ga watan azumi, yara su manna gemun auduga su kwaikwayi tsoho, ko boka irin Jatau mai magani, a Kano kuma Nalako ya bi gwagware gida gida. Har tsakanin ƙabilu akwai wasan da ya halatta zolaya, kamar na Fulani da Barebari wanda kowa ya sani a Gombe, da na Gobirawa da Yarbawa wanda ya sha raba faɗa a kasuwannin Kudu.

Da boko ya zo ma ba a fasa ba. Malam Zurƙe ɗan Muhamman na cikin Ruwan Bagaja, littafin Alhaji Abubakar Imam, har gobe ana dariyarsa. Malam Aminu Kano tun yana saurayi ya rubuta wasannin kwaikwayo na sukar zalunci da cutar talaka, kafin ya shiga siyasa. A zamanin soja kuwa, Usman Baba Pategi, wanda shi kansa tsohon soja ne, ya fito a matsayin Samanja a gidan rediyo da talabijin na Kaduna, yana zolayar rayuwar bariki da gurɓatacciyar Hausa da Turanci, sojojin da kansu na kallo suna dariya.

Sai dai ina aka adana duk wannan? Wani Bature, C. G. B. Gidley, ya rubuta maƙala a kan 'yan kama a 1967, Graham Furniss kuma ya taɓo su cikin littafinsa na 1996 a kan adabin Hausa. Dukansu da Turanci ne, an kuma buga su a ƙasar waje, jikan ɗan kama ba zai taɓa ganinsu ba. Rabilu Musa Ibro ya rasu a 2014, Ƙasimu Yero a 2017, Samanja a 2023. Kowannensu ya tafi da abin da ke cikin kansa. A shekarun 1950 hukumar NORLA ta Zariya ta riƙa buga wa kowane lardi 'yar jaridarsa, ta Lardin Bauci, wanda Gombe ke cikinsa a lokacin, sunanta Zumunta. Mutum nawa ne a Jekadafari ko Bolari ko Tudun Wada za su iya fito da kofe guda nata yau? Yawancin tsofaffin jaridu wurin mai ƙosai da mai tsire suka ƙare.

Akwai masu cewa gara a bar zane ya kwanta, kuma suna da dalilin da ya kamata a saurara. Ba a manta da watan Fabrairu na 2006 ba, sa'ad da zanen ɓatanci ga Manzon Allah, tsira da aminci su tabbata a gare shi, da wata jarida ta buga a ƙasar Denmak ya jawo zanga-zanga a Maiduguri, aka yi hasarar rayuka, sa'an nan aka yi ramuwa a kan 'yan Arewa a Anacha. Waɗanda ke zaune a Kudu su suka biya bashin da ba su ci ba. Amma fa cin mutuncin addini daban ya ke da zolayar shugaban da ya cinye kuɗin rijiya. Ɗan kama bai taɓa rikita su ba, ya san iyakarsa, jama'a ma sun san ta. Littafin tarihi shi zai koya wa matasa inda magabata suka ja wannan layi, rashinsa kuwa shi ke barin yaro da waya a hannu yana kwaikwayon abin da ya gani daga waje ba tare da linzami ba.

Dalili na biyu tsoron hukuma ne. Doka ta 4 ta 1984 ta kai 'yan jarida biyu na Guardian, Tunde Thompson da Nduka Irabor, gidan yari. An soke wannan doka tuni, amma halin bai mutu ba. A watan Nuwamba na 2022 wata kotun majistare a Kano ta yanke wa samari biyu bulala 20 kowannensu, da tara, da sharar harabar kotu ta kwana 30, saboda wasan barkwancin da suka yi wa Gwamnan Jihar na lokacin a TikTok. Sarakunan da, waɗanda ba wanda ya zaɓe su, sun zauna sun kalli wasan gauta sun ba da tukwici. Abin kunya ne a ce wanda talaka ya zaɓa da ƙuri'arsa ya kasa jure abin da Sarki ya jure. Idan da akwai littafin da ya tabbatar da cewa zolayar mai mulki tsohuwar al'ada ce ta Hausa, da lauya ya sami abin ɗagawa a gaban alƙali.

Gombe ta dace ta fara wannan aiki. Tun da aka dawo da hedkwatar masarauta nan a 1919, garin ya zama mahaɗar Fulani da Hausawa da Bolawa da Terawa da Tangale da Waja da Barebari, kowa da irin zolayar da ya ke yi wa ɗan'uwansa. Jirgin ƙasa da cinikin auduga sun ƙara kawo baƙi. Daga 1996 garin ya zama babban birnin Jiha, an kafa Jami'ar Jihar Gombe a 2004, ga ta Tarayya a Kashere tun 2011, ga Kwalejin Ilmi ta Tarayya mai koyar da fasaha. Malaman tarihi da na harsuna na waɗannan makarantu za su iya tura ɗalibai unguwa unguwa da ƙauyuka, su ɗauki muryar sauran tsofaffin 'yan kama da masu tashe kafin ƙasa ta rufe idonsu. Waɗansu su tafi Kaduna, Gidan Arewa da Ma'ajiyar Takardun Tarihi ta Ƙasa, su kwafo abin da ya rage na Gaskiya Ta Fi Kwabo da 'yan'uwanta. Masu zane na yanzu kuma, irin su Mustapha Bulama wanda ya yi suna a jaridar Daily Trust, a tattara aikinsu cikin littafi da bayani da Hausa, da shekarar kowane zane da abin da ya jawo shi.

Kuɗin bugawa ba zai gagari fataken shanu da na hatsi ba, waɗanda ke lodi daga Gombe zuwa Agege da Mile 12 da Sabo ta Badun. Ƙungiyoyin 'yan Arewa a Kudu sun saba tara kuɗi domin gina masallaci da makaranta, Allah ya saka musu. Su ware kaɗan domin wannan. Wanda kuma ke da tsohuwar jarida ko mujalla ko kaset a ƙasan akwati, kada ya ba mai ƙosai, ya aika da shi gida wurin waɗanda za su adana. Yaran da aka haifa a Ikko, waɗanda suka san Papa Ajasco amma ba su taɓa jin sunan Samanja ba, su ne za su fi kowa cin moriyar littafin. Allah ya sa masu hali su ji, su kuma motsa tun da sauran tsofaffin a raye.