Wa Zai Ba da Labarin Madarunfa?

Ya kai mai karatu, ka san Michael Palin? Baturen Ingila ne, an haife shi a 1943. Da wasan ban dariya ya fara suna. Daga baya ya shiga yawon duniya, ana ɗaukar hotonsa na silima, shi kuma yana rubuta abin da ya gani. Tun 1969 yake rubuta labarin kwanakinsa a littafi.

A 2002 gidan telebijin na BBC ya nuna tafiyarsa cikin Sahara. Ya shigo Nijar. Ya je bikin gishiri na Ingal, ya kalli rawar Bororo, ya bi ayarin raƙuman Buzaye. Daga nan ya wuce Aljeriya.

Mutumin bai yi ƙarya ba. Amma idon baƙo, abin da ya ba shi mamaki yake gani. Wanda ya kalli silimar nan a Turai sai ya ce Nijar rairayi ce da raƙumi kawai. To, ina tabkin Madarunfa da masuntansa? Ina kushewar waliyyai da ake ziyara? Ina dajin Baban Rafi? Ina manoman Maraɗi da suka riƙa barin tohon itace a gonakinsu har ƙasa ta farfaɗo?

Wasu na cewa silima aikin banza ce, ta marasa sana'a. Wannan magana ba ta da tushe. Abin da aka nuna wa duniya, da shi duniya take auna mu. Wasu kuma na cewa aikin Turawa ne, talaka bai iya ba. Wannan ma kuskure ne. Umaru Ganda dako yake yi a tashar jirgin ruwa ta Abijan. Ya fito a silimar Bafaranshe Jean Rouch a 1958. Bai tsaya nan ba, ya koyi aikin, har silimarsa ta ci babbar kyauta a Wagadugu a 1972. Sani Magori kuwa ɗan Galmi ne. A 2008 ya fitar da silima a kan noman albasa na garinsu, manoma suna magana da bakinsu.

Dukansu da lura suka fara, ba da kuɗi ba. Kai ma yanzu ka iya alƙalami. Sayi littafin rubutu. Je wurin tsoho, ka tambaye shi yunwar 1984 da yadda aka tsira. Rubuta farashin gero, da ranar shuka, da shekarar da gulbi ya yi ambaliya. In akwai salula a gidanku, ku ɗauki muryarsa da hotonsa.

Kada ka jira baƙo. Baƙo raɓa ne, da hantsi ya tafi. Tsofaffinmu kuma ba za su jira mu ba. Ka fara yau, ko da layi uku ne.